Kalmar "Outrun": Fin Gudu Ne Ko Tserewa?

  Abin da nake so in yi magana a kansa wata 'yar kalma ce ta Ingilishi mai haruffa shida, watau "outrun". Watakila wani ya ce, me ya kawo kalmar Turanci shafin Hausa? Dalili kuwa shi ne, mutum ba ya sanin nauyin kalmar baƙon harshe sosai sai ya ɗora ta a ma'aunin harshensa na gida. Ga shi kuma kalmar tana fitowa a jarrabawa, wajen da akan ce a zaɓi kalmar da ta fi kusa da wata a ma'ana, tana kuma fitowa a jaridu da labaran duniya. Wanda ya riƙe ma'anarta ɗaya tak, ran da ta zo masa da wata riga ba zai gane ta ba.

In ka tambayi ɗalibi ma'anarta, yawanci zai ce maka ai gudu ne fiye da wani. Wannan gaskiya ne, amma ba ita ke nan ba. A ganina kalmar tana bukatar aikatau uku daban-daban kafin ta zauna daidai a Hausa. Wani lokaci "fi gudu" ce, wani lokaci "tsere wa", wani lokaci kuma "zarce" ko "fi ƙarfin". Abin da ke nuna maka wadda za ka ɗauka shi ne kalmar da ta biyo bayanta a cikin jimla, watau karɓau. Amma bari mu fara duba yadda aka ƙera ta.

Kalmar gaɓa biyu ce aka haɗa. Akwai "run", wadda ko ɗan aji ɗaya ya san gudu take nufi. Akwai kuma "out" da aka liƙa mata a gaba a matsayin ɗafa-goshi. Nan ne mutane da yawa ke ruɗewa, gama sun saba da "out" mai ma'anar waje, sai su zaci ana nufin gudu zuwa waje. Ba haka ba ne. Idan aka liƙa "out" a goshin aikatau irin wannan, aikin da take yi shi ne aikin 'yar kalmarmu "fi". Bahaushe yakan ce doki ya fi raƙumi gudu. Ya sa "fi" da farko, ya kawo wanda aka fi, kana ya faɗi abin da aka fi shi da shi. Bature kuwa sai ya dunƙule "fi" da "gudu" wuri guda ya ce "The horse outran the camel." Wanda ke jin Turancin kasuwa na ƙasar nan ya san su ma da "pass" suke yin wannan aiki, inda sukan ce "e run pass am". Wannan ya fi kusa da tsarin Hausa fiye da Ingilishin littafi.

Tun da yake "fi" tana cikin kalmar tun asali, ba a ƙara mata "than". Wanda ya rubuta "He outran than me" daidai yake da wanda ya ce "ya fi fiye da ni gudu". Ba a kuma ƙara mata "from", ko da tserewa ake nufi. Sa'an nan ba ta tsayawa ita kaɗai. In ka ce "He ran" ka gama magana, amma in ka ce "He outran" ka yi shiru, mai sauraro zai tsaya yana jiran ka faɗi wane ne aka fi, kamar dai yadda za a yi maka in ka ce "ya fi" ka tsuke baki.

Wajen sauya lokaci kuwa, uwarta take bi sau da ƙafa. Yadda ake cewa run, ran, run, haka ake cewa outrun, outran, outrun. Saboda haka abin da ya faru jiya "outran" ne, in kuma an sa "has" ko "had" ko "was" a gabanta sai ta koma "outrun". Babu wata kalma "outrunned" a Ingilishi, duk da yake hannun ɗalibi yana son rubuta ta in lokaci ya ƙure a ɗakin jarrabawa. In za a ƙara mata "ing" sai an ninka harafin ƙarshe, a rubuta "outrunning". Turawa suna kuma son juya jimla su ce "The camel was outrun by the horse." In an ba ka irin wannan ka fassara, kada ka wahalar da kanka da cewa an fi raƙumi gudu ta hannun doki. Babu Bahaushen da ke magana haka. Ka mai da doki gaba, ka ce doki ya fi raƙumi gudu, shi ke nan.

To, ma'ana ta farko ita ce ta filin wasa. Ranar 16 ga Agusta, 2009, a birnin Balin na Jamus, Usain Bolt ɗan ƙasar Jamaika ya gudu mita 100 cikin sakan 9.58. Wanda ya zo na biyu, Tyson Gay na Amurka, ya yi nasa cikin sakan 9.71. Ba wanda ke korar wani a cikinsu, tare suka tashi, wuri ɗaya suka nufa. Nan in an ce "Bolt outran Gay", fassararta Bolt ya fi Gay gudu, ko ya riga shi isa. A tsakiyar wannan tsere saurin Bolt ya kai wajen kilomita 44 a awa, kuma duk da haka jimina, wadda ke iya yin kamar kilomita 70 a awa, da ƙura kawai za ta bar shi.

Amma ko a wannan ma'ana ta farko akwai wani abu da ya kamata a lura da shi. Kalmar ba sauri kaɗai take aunawa ba, tana auna jimiri ma. A wani ƙaramin gari mai suna Llanwrtyd Wells a yankin Wales na Birtaniya, tun 1980 ake shirya tsere tsakanin mutane da dawaki, a kan tafiyar kamar mil 22 cikin tuddai da kwazazzabai. Asalin abin gardama ce aka yi a wata mashaya, kan ko mutum zai iya kayar da doki in tafiya ta yi nisa. Shekara da shekaru dawaki ne ke ci, har sai 2004, lokacin da wani mai gudu da ake kira Huw Lobb ya riga dokin farko, ya karɓi kyautar fam 25,000 da ta daɗe tana taruwa. Shi ne mutum na farko da ya yi haka da ƙafa. To, Lobb ya fi doki sauri? Ko kusa. A mita 100 doki zai wuce shi kamar yana tsaye. Amma an ce "he outran the horse", kuma daidai ne, domin a ƙarshen tafiya shi ne a gaba.

Sirrin abin yana jikin ɗan Adam. Mutum ba shi da gashi mai kauri, yana kuma zufa ko'ina a jikinsa, saboda haka yana huce zafi alhali yana cikin gudu. Dabbobi da yawa kuwa da haki suke huce zafi, kuma haki ba ya yi musu sosai suna cikin sukuwa, dole sai sun tsaya. Da wannan ne wasu maharban hamadar Kalahari a kudancin Afirka suka shahara. Sukan tasa babbar dabbar dawa a gaba da tsakar rana, ta sheƙa ta ɓace musu, su bi sawu, su tashe ta kafin ta huta, haka haka har awoyi, sai zafi ya kayar da ita. In Bature ya ba da wannan labari da "outrun", fassarar da ta fi dacewa ita ce sun gajiyar da ita da gudu, ko sun fi ta jimirin gudu. Wanda ya fassara da cewa sun fi ta sauri ya faɗi abin da bai faru ba.

Kada kuma a haɗa ta da "overtake". Wannan ta biyun ita ce cim ma wanda ke gabanka ka wuce shi, kamar yadda direba ke wuce wata mota a kan hanya. Dole ka fara daga baya kafin a ce ka yi "overtake". Ita kuwa "outrun" ba ruwanta da inda ka fara. Ma iya cewa sau da yawa mai yin ta a gaba yake tun farko, ƙoƙarinsa kawai kada a cim masa. Wannan ne ya kawo mu ma'ana ta biyu.

Akwai wani labarin ban dariya da Turawa ke bayarwa wanda ya nuna bambancin ma'anonin nan biyu fiye da kowane ƙamus. Wai abokai biyu ne suna tafiya a daji sai ga zaki ya nufo su. Ɗaya ya durƙusa yana ɗaure igiyar takalminsa na gudu. Ɗayan ya ce masa, kai, ɓata lokacinka kake yi, wa ya taɓa tsere wa zaki? Sai mai takalmin ya ce, ai ba sai na tsere wa zaki ba, ni dai in fi ka gudu ya ishe ni. Ku lura, ni da na ba da labarin da Hausa sai da na yi amfani da aikatau biyu, "tsere wa" ga zaki, "fi gudu" ga aboki. A Turanci kuwa kalma ɗaya ce aka maimaita: "I don't have to outrun the lion, I only have to outrun you." Daɗin labarin a bakinsu yana nan ne, inda kalma ɗaya ta juya ma'ana a tsakiyar jimla. Zaki mai kora ne, aboki abokin tsere ne. Karɓau ya sauya, ma'ana ta sauya.

Saboda haka duk inda ka ga abin da ya biyo bayan kalmar mai kora ne ko abin tsoro, tserewa ake nufi. "The thief outran the police" ba gasa aka yi ba, ɓarawo ne ya ranta a na kare, ya tsere wa 'yan sanda. Kuma a nan ba dole ne a yi gudun da ƙafa ba. Mota tana yi, jirgin ruwa yana yi, jirgin sama ma yana yi. Amurka ta taɓa mallakar wani jirgin leƙen asiri mai suna SR-71, wanda a 1976 ya kafa tarihin gudun sama da kilomita 3,500 a awa, watau fiye da ninki uku na saurin sauti. Ba ya ɗauke da bindiga. In an harbo masa makami mai linzami daga ƙasa, babban abin da matuƙinsa ke yi shi ne ya ƙara wuta. Har aka daina aiki da irinsa kafin 2000, abokan gaba ba su taɓa kakkaɓo ko ɗaya ba. Masu rubuta tarihinsa da wannan kalma suke bayyana abin.

An fi jin wannan ma'ana tare da "cannot", musamman wajen gargaɗi, kuma a nan rashin fahimta yana iya jawo asarar rai. Bayan babbar igiyar ruwa ta sunami da ta taso daga gaɓar Indunusiya ranar 26 ga Disamba, 2004, wadda ta kashe mutane fiye da 200,000 a ƙasashe da dama, an yawaita faɗakar da mazauna bakin teku cewa "You cannot outrun a tsunami." A tsakiyar teku mai zurfi igiyar tana tafiyar kamar kilomita 800 a awa, saurin jirgin sama ke nan. Tana rage gudu in ta kusanci gaɓa, amma duk da haka ta fi ƙarfin ƙafar mutum. To, wanda ya ɗauki wannan gargaɗi da ma'anar kada ka gudu ya halaka kansa. Ba a hana shi gudu ba. Abin da ake gaya masa shi ne, in ya tsaya kallo har ya ga ruwan da idonsa, gudu a shimfiɗaɗɗiyar ƙasa ba zai fisshe shi ba. Ya tashi tun da wuri, ya nemi tudu ko saman dogon gini mai ƙarfi.

Wani labari da nake jin daɗinsa ƙwarai shi ne na jirgin Concorde da inuwar wata, gama a samanmu aka yi shi. Ranar 30 ga Yuni, 1973, an yi husufin rana wanda duhunsa ya ratsa hamadar Sahara. Wanda ke tsaye a ƙasa, in ya yi sa'ar wuri, minti bakwai da 'yan sakanni zai ga rana a rufe ruf. Sai waɗansu masana taurari suka hau Concorde, jirgin da ke gudun fiye da kilomita 2,000 a awa, suka tashi daga tsibiran Kanari, suka shiga cikin inuwar watan suna tafiya tare da ita ta saman Muritaniya da Mali da Nijar. Minti 74 suka yi suna kallon husufin, kana suka sauka a Chadi. Amma me ya sa minti 74 kawai? Domin inuwar ta ɗan fi jirgin sauri, a hankali a hankali ta zame ta bar su. A Turanci sai a ce "The shadow outran the plane." Ga tambaya ga masu son gardama a ajinmu: fin gudu ne wannan ko tserewa? Ni dai ina ganin duka biyun ne, tun da jirgin bin inuwar yake yi.

Daga nan ne Turawa suka miƙa kalmar ga abubuwan da ba su da ƙafa kuma ba a ganinsu. Sukan ce mutum ba zai yi "outrun" ɗin abin da ya aikata a baya ba, ko tsufa, ko mutuwa. Wannan bai zama mana baƙo ba, mu ma muna cewa ba a tsere wa ajali.

Ma'ana ta uku ita ce wadda ta fi kayar da ɗalibai, ita ce kuma na tabbata iyayenmu sun fi mu sanin zafinta, ko da ba su taɓa jin kalmar ba. A nan babu mai gudu, babu mai kora. Abu biyu ne da ya kamata su tafi kafaɗa da kafaɗa, sai ɗaya ya yi gaba ya bar ɗaya. In jarida ta rubuta "Prices have outrun wages", tana nufin tsadar kaya ta zarce albashi, ko ta fi ƙarfin albashi. Misali yana kusa. Kafin a cire tallafin man fetur a ƙarshen Mayu na 2023, lita ba ta kai naira 200 ba a farashin gwamnati. Kafin ƙarshen 2024 ta haura naira 1,000 a wurare da yawa, watau ta ninka kamar sau biyar. Mafi ƙarancin albashi kuwa, a Yulin 2024 aka ɗaga shi daga naira 30,000 zuwa naira 70,000, bai kai ninki biyu da rabi ba. Ka ga albashi ma ya yi gaba, ba a tsaye yake ba. Abin da kalmar ke nunawa ke nan: duka biyun suna tafiya, amma tazarar da ke tsakaninsu tana ƙaruwa. Wanda ya fassara jimlar da cewa ba a ƙara albashi ba ya kuskure ma'ana.

Masu darasin tattalin arziki za su gamu da ita in an zo kan Thomas Malthus, malamin cocin nan na Ingila da ya wallafa littafinsa kan yawan jama'a a 1798. Ra'ayinsa shi ne mutane suna ƙaruwa ta ninki, 1, 2, 4, 8, 16, abinci kuwa yana ƙaruwa ɗaya bayan ɗaya, 1, 2, 3, 4, 5, don haka yawan jama'a zai zarce abinci. Da wannan kalma littattafai suka saba taƙaita maganarsa. A zamaninsa mutanen duniya wajen biliyan 1 ne, a 2022 sun kai biliyan 8, kuma takin zamani da ingantaccen iri da injunan noma sun sa abinci ya ƙaru fiye da yadda ya zata. Wannan gardama ce ta wani shafin. Akwai kuma wani tsohon salon magana na Ingilishi da ba a cika ji ba yanzu, "to outrun the constable". In ka bi kalmomin ɗaya-ɗaya sai ka ce tsere wa ɗan sanda ne, alhali abin da ake nufi shi ne mutum ya kashe fiye da abin da yake samu har bashi ya hau kansa. A Ingila ta da kuwa bashi ba wasa ba ne, ana ɗaure mutum a kansa. Mahaifin marubucin nan Charles Dickens ma an ɗaure shi saboda bashi a 1824.

Misalin da ya fi kowanne amfani a wurina daga Yaƙin Duniya na Biyu yake, domin ya raba mana "outrun" da wata 'yar'uwarta da ake yawan rikita su, watau "run out". A watan Agusta na 1944 rundunar Amurka ta uku, ƙarƙashin Janar George Patton, ta keta Faransa daga yamma zuwa gabas da saurin da ba wanda ya zata. Jamusawa suna ja da baya, tankokin Patton suna bin su. Amma man da tankokin ke sha daga gaɓar Nomandi ake ɗauko shi, inda aka sauke sojoji a watan Yuni, kuma jiragen yaƙi sun riga sun lalata hanyoyin jirgin ƙasa. Sai aka shirya jerin gwanon manyan motoci dubbai suna jigila dare da rana, yawancin direbobinsu baƙaƙen fatar Amurka ne. Kullum runduna ta ƙara gaba, hanyar motocin ta ƙara tsawo, su kansu motocin suna shan kaso mai yawa na man da ake da shi. A ƙarshen watan, rundunar ta tsaya cik a gabashin Faransa, ba don an ci ta da yaƙi ba, sai don babu mai. 'Yan kwanakin da ta yi a tsaye sun ba Jamusawa damar sake shiri, har birnin Metz da ke gabanta bai faɗi ba sai a watan Nuwamba.

Masu tarihi sukan bayyana wannan da jimla biyu. Ta farko, "The army outran its supplies", watau runduna ta yi gaba ta bar guzurinta a baya. Ta biyu, "The army ran out of fuel", watau mai ya ƙare mata. Kalmomin iri ɗaya ne, "out" da "run", an sauya musu wuri ne kawai, amma ɗaya sanadi ce, ɗaya sakamako. Ta zarce guzurinta, shi ya sa mai ya ƙare. In "out" ta zo gaba a manne, fi ce ko zarcewa. In ta zo baya a ware, ƙarewa ce, ko kuwa fita waje a guje, kamar yaran da suka ji an kaɗa ƙararrawar tashi. Akwai kuma ta uku, "overrun", wadda ke nufin mamayewa, yadda mayaƙa ke mamaye gari ko ciyawa ta cinye gona, ko kuma taro ya wuce lokacin da aka yanka masa. Masu shirya tambayoyin jarrabawa suna son jera waɗannan ukun a wuri ɗaya su ga wanda zai zame.

Wanda ya gane aikin "out" a nan ya sami mabuɗin kalmomi da dama a kyauta. "Outnumber" fin yawa ce, "outwit" fin wayo, "outweigh" rinjaya, "outbid" kuwa ita ce ka taya kaya sama da tayin wani. Amma akwai guda biyu da Hausa ke juya su baya-gaba, kuma sun cancanci a tsaya a kansu. Sarauniya Biktoriya ta Ingila ta rasu a 1901, mijinta Albert kuwa tun 1861. Bature zai ce "She outlived him", ya sa mai tsawon rai a gaba. Mu ba mu cika cewa ta fi shi rayuwa ba, sai mu ce ya riga ta rasuwa da kusan shekara 40. Haka in yaro ya girma, Bature zai ce "He has outgrown his shirt", ya ɗora aikin a kan yaro. Uwa Bahaushiya kuwa a kan rigar za ta ɗora shi, ta ce riga ta yi masa kaɗan. Sai dai a yi hattara, ba kowace "out" ce ke nufin fi ba. "Outbreak" ɓarkewa ce, irin ta annoba ko faɗa, "outcome" kuma sakamako.

Saura maganar furuci, wadda ta shafi masu shirin jarrabawar Turancin baka. Mun san yadda karin sauti ke raba "fari" na launi da "fari" na rashin ruwan sama, alhali rubutunsu ɗaya. Ingilishi ba shi da karin sauti irin namu, amma yana da wajen da ake danna murya a cikin kalma. In "outrun" aikatau ce, a gaɓa ta biyu ake dannawa, a kan "run". Haka ma "outlive" da "outgrow" da "outwit". In aka danna gaɓar farko kuwa, kalmar ta zama suna, kuma ma'anarta ta bar maganar fi gaba ɗaya, "out" ta koma gidanta na waje. A tsibiran arewacin Sikotilan ana kiran makiyayar da ke can gefen gona, nesa da gida, da wannan suna. Makiyayan tumaki na Birtaniya kuma, waɗanda ke gasar nuna gwanintar karnukansu, da shi suke kiran gudun farko da kare ke yi in an sake shi. Ba ya nufar tumakin kai tsaye, don kada su watse. Sai ya yi faɗi, ya zagaya ta can gefe har ya ɓullo ta bayansu, ya tsaya, kana ya koro su a hankali zuwa wurin ubangidansa. Alƙalan gasar suna ba da maki na musamman a kan kyawun wannan zagaye, kuma karen da ya yanke ta tsakiyar fili, komai saurinsa, rage masa maki ake yi.